Laƙabin da Mama Hellen Ta Bari

Sallama gare ku 'yan uwa masu bibiyata. Mako uku ke nan kuna cika mini waya da saƙo, wasu har da tsiya, wai ango ya ɓoye ni tun ba a shafa fatiha ba. Ina ma hakan ne. Yau zan faɗa muku abin da na aikata da hannuna, kuma don Allah kada wata ta yi saurin ce mini ƙaddara ce sai ta kai ƙarshe.

Ga waɗanda yau suka fara leƙowa, sunana Sadiya, shekarata ashirin da shida, haihuwar Kafanchan. Babana yana da rumfar yadi a kasuwa, ni kuma na karanta Tarihi da Turanci a kwalejin Gidan Waya. Shekara huɗu muna tare da Jamiluddeen, mai shagon kayan sola a bakin titin tasha, dogo, marar hayaniya, irin mazan da sai sun tauna magana sau uku kafin su furta. Ƙannena mata biyu sun riga ni aure, don haka ranar da aka sa mana rana Umma ta yi sujadar godiya a tsakar gida, ko tabarma ba ta tsaya shimfiɗawa ba.

Sai kuma Mama Hellen, wadda nake wa aiki. Baturiyar Ingila ce, marubuciyar labaran ƙirƙira da ake ginawa a kan tarihi, shekararta saba'in da uku. A nan Kafanchan aka haife ta, a kwatas ɗin reluwe, zamanin da babanta yake injiniyan jirgin ƙasa, tana da shekara takwas suka tattara suka koma ƙasarsu. Ta yi shekara ashirin tana koyar da tarihi a makarantar 'yan mata, har ta gaji da jera wa yara sunayen sarakuna da shekarun yaƙi. Mijinta ya rasu tana da arba'in da ɗaya, Allah bai ba su haihuwa ba, sai ta zauna a teburin kicin ta fara rubutu don kada shirun gidan ya kashe ta. Littafinta na farko kamfani tara suka mayar mata da shi, na goman ya karɓa da ƙyar. Yau tana da goma sha ɗaya, duk a kan matan da tarihi ya tsallake: masu saƙa a masaƙu, matan masunta, 'yan aikin manyan gidaje. Ta kan ce sarakuna sun samu masu rubuta su, ita masu wanke musu kwano take nema.

Wani malaminmu ne ya haɗa mu shekara biyu da suka wuce, lokacin da ta fara littafi na goma sha biyu, wanda ta ce shi ne na ƙarshe, a kan Kafanchan ta zamanin jirgi. Ciwo ya hana ta tafiya, ni ce ƙafarta. Matar nan da fensir take rubutu, daga asuba zuwa hantsi, kuma ba ta fara babi sai ta san abin da mutanen cikinsa suka karya da shi. Tambayoyinta sai su sa ka ciwon kai. Da wane itace ake suya a tasha? Mata ta wane ɓangare suke soke zani? In jirgi ya taso daga kudu, wa ke fara jin ƙararsa? Haka nake yawo da rakoda gidajen tsofaffi, Musulmi da Kirista, ina shan kunu ina shan labari.

Amma akwai abin da ta fi so a kan littafin. Tana neman yarinyar da ta yi renonta, wata Milka, wadda ta goya ta tun Mama Hellen tana shekara huɗu. Shekara guda ina cigiya, daga coci zuwa coci, har Kagoro na je. Babu wanda ya san ta.

Ashe abin nema yana gidan surukaina.

Kakar Jamil ta wajen uba, duk garin nan da Hajiya Mai Ƙosan Jirgi aka san ta, domin da ƙuruciyarta ita ke sayar wa fasinjoji ƙosai ta tagar jirgi. Ta haura tamanin, amma bakinta bai tsufa ba. Jamil maigidanta ne a wasan kaka da jika, ni kuwa 'yar ƙwace. Abin da zuriyarta suka sani shi ne marainiya ce Bafulatana, marigayi Alhaji Sambo ya auro ta daga ƙasar Bauchi.

Wata Alhamis da damina Umma ta aike ni in kai mata dambun nama. Ina sanye da atamfa ruwan ganye da farin mayafi, ruwa ya tsare ni a ɗakinta, ɗakin nan mai gadon ƙarfe da jeren samiru har rufi. Tana zaune a tabarma tana ɓarar gyaɗa.

“Ga 'yar ƙwace,” in ji ta. “Wannan ne toshiyar bakin? Mijin nawa bai wuce dambu ba a wurinki?”

Muna cikin dariya saƙon murya ya shigo daga Mama Hellen. Na kunna ba tare da tunanin komai ba. Cewa ta yi ta tuno wata waƙar reno da Milka ke yi mata, ba da Hausa ba, ko zan sa wa tsofaffi su ji, wataƙila a gane yaren. Sai ta rera da muryarta mai rawa, layi biyu, ta tsaya, ta ce sauran ya ɓace mata.

Hannun Hajiya ya tsaya a cikin gyaɗa. Ban ankara ba sai na ji ta ɗauki waƙar daga inda Baturiya ta ajiye, ƙasa-ƙasa, idonta a kan ruwan da ke zuba daga indararo, har ta kai ƙarshe.

Na ce, “Hajiya, wannan ai ba Fulatanci ba ne.”

Ta ture gyaɗar gefe. Sannan ta ce, “Tashi ki rufe ƙofa.”

Ita ce Milka. A wani ƙauye bayan Samaru Kataf aka haife ta. Da Turawan suka tafi ta koma gida aka yi mata aure, ta haifi ɗa namiji, aka sa masa Silvanus. Yaron na shekara biyu mijin ya mutu, dangi suka ce bisa al'adar wancan lokaci ƙanen mijin zai gaje ta. Ta ce ba ta yi. Suka ce ƙofa a buɗe take, amma ɗa na gidan ubansa ne. Ta fito da zani ɗaya, yaron na ihu a hannun kakarsa. A Kafanchan wata tsohuwa mai ƙosai ta riƙe ta, ta musulunta, aka sa mata Binta. Alhaji Sambo yana saurayi ya gan ta a tasha ya ce sai ita, kuma da ya san iyayensa ba za su karɓi bazawara 'yar ƙauyen nan ba, sai ya ƙera labarin Bauchi. Ƙaryar ta zauna har ta yi jikoki.

“Shi Silvanus ɗin fa?” na tambaya.

“Yana nan. Manomin citta ne, duk kaka yana kawo kaya kasuwar nan. Ina da jikoki sun fi arba'in da zan aika, amma citta da ƙafata nake zuwa saye.”

“Ya san ke ce?”

“Ban sani ba. Ina ce masa mai citta, yana ce mini Hajiya. Amma bai taɓa kallon fuskata ba, ƙafafuna yake kallo har in tafi.”

Na yi kuka a ɗakin nan kamar ni aka raba da ɗan. Ita ko ɗigon hawaye ba ta yi ba, sai ta ce, “Ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba, amma nawa ya cika. Ki faɗa wa 'yar farar nan ina raye. In tana son rubutawa ta rubuta, a san an yi wata Milka a duniya. Sharaɗina ɗaya, a canja sunana.”

Bayan kwana uku na haɗa su a waya ta bidiyo, ƙofa a rufe. Tsofaffi biyu suka tsaya kallon juna. Mama Hellen ta lalubo guntuwar Hausar yarintarta ta ce, “Milka, goya ni.” A nan ne Hajiya ta rufe fuska da gefen mayafi. Ban faɗa wa Jamil ba, ban faɗa wa Umma ba. Wata takwas ina riƙe da amanar nan, har ina yaba wa kaina.

Yanzu ga inda na faɗi. Bayan azumi Mama Hellen ta turo mini babi na tara ta imel, da wannan saƙo: “Sadiya, ki karanta da idon 'yar gari. Duk abin da zai cuci wani ki ja masa layi. Ni baƙuwa ce, ke ce mai gani.” A makon ne tela ya ɓata mini leshin kamu, ƙawayena suka rabu biyu a kan kalar anko, Umma kuma ta ce gadon da kafinta ya yi bai kai na ƙanwata ba. Kullum in ce gobe zan buɗe. Da ta sake tuntuɓa, kunya ta hana ni cewa ban duba ba. Ina tsaye a shagon tela, yadi a kafaɗata, na rubuta mata: “Na karanta, Mama. Ya yi kyau ƙwarai, babu gyara.”

Wallahi ko buɗe shi ban yi ba.

Mako uku da suka wuce wata mujallar adabi ta can ta ɗora babin a shafinta, ɗanɗano kafin littafi ya fito. Mama Hellen ta turo mini, na gangara ƙasa da sauri, sai ga shi an rubuta: godiya ga Sadiya, idona da kunnena a Kafanchan. Kaina ya kumbura. Nan take na ɗora a sitatus, har da alamar zuciya uku. Minti biyar ba a yi ba Jamil ya rubuto:

“Kai! Matata a mujallar Ingila! Yau 'yan gidanmu za su san wa na zaɓo.”

“Ka bari mana, kunya nake ji.”

“Ai na riga na tura guruf.”

Guruf ɗin zuriyar Alhaji Sambo, mutum tamanin da shida, da lauyoyi da malaman jami'a a ciki.

Washegari da hantsi ina guga saƙonsa ya shigo, babu sallama, babu “Sadiyata”.

“Kin karanta abin da kika ɗora?”

“Me ya faru?”

“Ki karanta.”

Na zauna a bakin gado na karanta, karo na farko. Matar nan ta cika alkawari iya saninta. Binta ta koma Ladi, Milka ta koma Rahila, Sambo ya koma Garba, Silvanus ya koma Yohanna, har unguwar ta sauya. Amma sau bakwai, da Hausa tsantsa a tsakiyar Turanci, ta rubuta Mai Ƙosan Jirgi. Cittar ma tana ciki, da kallon ƙafafun.

Ku da kuka san gidajenmu kun gane. Wa ya san Binta a Kafanchan? 'Ya'yanta ba sa faɗin sunan, surukai ba sa faɗa, jikokin da aka sa wa sunanta Ummi ake ce musu. Ni kaina sai ranar waƙar nan na fara jin sa. Amma ka tare kowane mai Keke a tasha ka ce gidan Mai Ƙosan Jirgi, ba zai tambaye ka kwatance ba. An canja sunan da ba wanda ya sani, an bar wanda duk gari ke kira. Kafin ku tambaya, laƙabin da nake rubuta muku a nan ma ba shi ne na gaskiyar ba, haka sauran sunayen. Na koyi darasin, sai dai a makare.

Na kira Mama Hellen a bidiyo. Ta ɗauka daga gadon asibiti, ta rame, kanta ɗaure da ɗan kyalle saboda maganin ya zubar mata da gashi.

“Mama, kin bar laƙabinta.”

“Laƙabin? Ai ba suna ba ne, Sadiya. Kwalliya ce. Daɗinsa nake ji a baki, shi ya sa ban fassara shi ba.”

“A nan shi ne sunan. Ɗayan ba mai amfani da shi.”

Ta jingina kai da matashi. Sannan ta ce, “Shekara talatin ina rubuta matattu. Matan masaƙata sun shekara ɗari biyu a ƙasa, duk abin da na faɗa a kansu ba mai buga musu ƙofa. Wannan ne karo na farko da na rubuta mai rai, kuma ita ce ta goya ni.” Ta share ido da bayan hannu. “Amma kin karanta. Kin ce babu gyara.”

Da ƙasa za ta tsage da na shige. Na ce, “Ban karanta ba, Mama. Ƙarya na yi miki.”

Ba ta yi mini faɗa ba, kuma da ta yi da ya fi mini sauƙi. Cewa kawai ta yi za ta sa a sauke babin a ranar, in ya kama ta janye littafin gaba ɗaya za ta janye. Aka sauke kafin la'asar. Amma magana zarar bunu ce. An riga an ɗauki hotonsa shafi-shafi, wani ɗan bani-na-iya har ya fassara shi da Hausa ya karanta a saƙon murya, yana yawo daga waya zuwa waya. A kasuwa mata suka fara zuwa rumfar Baba suna taya yadin da ba za su saya ba.

Umma ta shigo ɗakina ta tsaya a kaina. “Ke wace irin yarinya ce? Ana saura wata guda ki tona asirin gidan da za ki shiga? Shekara nawa ina amsa tambayar mutane a kanki? In auren nan ya lalace, Sadiya, ki nemi wata uwar.” Ta fita, ta dawo, ta ce, “Gaskiya ne abin da aka rubuta?” Na sunkuyar da kai. Ta ce, “Kada ki faɗa mini. Ban tambaya ba.”

Kwana biyu 'ya'yan Hajiya suna tambayarta, ba ta ce e ba, ba ta ce a'a ba, carbinta kawai take ja. Sai Baffa Badruddeen ya aiko a kira ni. Shi ne babban ɗanta, yayan mahaifin Jamil, kuma tun da mahaifin ya rasu shi ne mai karɓa wa Jamil aure. Mutum ne mai faɗa a ji a masallacin unguwa, wanda duk rayuwarsa ɗan fari ake kiransa.

Jamil ya zo ɗaukata da ƙarfe goma na safe. Na sa doguwar riga baƙa da hijabi har ƙasa, ko hoda ban shafa ba. A mota ya ƙi kallona sai da muka wuce gadar jirgi.

“Tambaya ɗaya zai yi miki,” ya ce. “Ki ce Baturiyar ce ta ƙirƙira. Ai sana'arta ke nan, ƙirƙira. Kin ba ta laƙabi don ado, ita ta ɗora sauran.”

“Kai ka yarda da haka?”

“Ban tambayi kaina ba, Sadiya, kuma ba na son in tambaya. Baffa ya rantse in daga bakinki maganar ta fito, ba zai karɓa mini aurenki ba. Ni kuma ba zan tsallake shi ba, shi ya riƙe ni tun ina aji uku.” Ya rage gudun motar. “Shekara huɗu. Don Allah kada ki bari ta tafi a banza.”

Falon Baffa cike yake, maza a kujeru, mata a kafet, fanka na juyawa a hankali. Hajiya na gefe a kan dardumarta, an jingina mata matashi. Na durƙusa na gaishe su ɗaya bayan ɗaya, amsar wasu a ciki-ciki.

Baffa ya cire tabarau. “Sadiya, ke 'yar gida ce, ubanki abokina ne. Kin san garin nan, kin san tabon da ke jikinsa, kin san abin da ƙaramar magana ke iya zama. Yau ana nuna uwata da baki, ana cewa ta jefar da ɗa, ana cewa ubana maƙaryaci ne yana kabarinsa. Tambayata ɗaya. Daga bakinta kika ji, ko Baturiya ce ta ƙaga?”

Na dubi Hajiya ina neman ko da ƙiftawar ido ce. Ba ta ba ni komai ba. Ta bar ni da zaɓina.

Zan iya ce muku amanarta na kare, tunda ita ta ce a ɓoye ta. Haka na faɗa wa kaina a lokacin, kuma akwai ƙamshin gaskiya a ciki. Amma tunda na yi alkawarin ba zan yi muku ƙarya ba, abin da na gani a idona shi ne fuskar Umma, da ɗakin da aka riga aka yi wa fenti, da Jamil a bakin ƙofa ya dunƙule hannu. Tsoro ne ya yi magana, ba amana ba.

“Ƙirƙira ce, Baffa. Laƙabin kawai na ba ta. Sauran duk ita ta ƙaga.”

Falon ya sauke numfashi. Wata gwaggo ta ce, “Ai dama na faɗa, Turawa ba su da aiki.” Baffa ya yi hamdala, ya ce to inda aka ɓata a nan za a gyara, in rubuta yanzu in ɗora a inda na ɗora na farko. Na fito da waya na rubuta cewa labarin ƙage ne, ina neman afuwar zuriyar Alhaji Sambo. Ya karɓa ya duba, ya miƙo mini.

“Ƙara wannan. Hajiya ba ta da wani ɗa a duniya bayan mu biyar da aka sani.”

Yatsana ya tsaya. Jamil ya ce a hankali, “Sadiya.” Na rubuta. Na ɗora.

Sai a lokacin Hajiya ta yi magana, karon farko cikin kwana uku. “Ni ban yi boko ba. A karanta mini abin da aka rubuta a kaina.”

Baffa ya yi mini nuni. Na karanta da bakina, kalma bayan kalma, har layin ƙarshe. Ta gyaɗa kai, ta dafa bango ta miƙe. Jikoki biyu suka zabura za su kama ta, ta ɗaga musu hannu. Ana ta yi mini sannu, gwaggo na cewa Asabar za a kawo lefe in sha Allah, ni kuwa na sulale na bi ta har ƙofar ɗakinta.

“Hajiya, ki yafe mini. Na ga kamar haka kike so.”

Ta juyo, ta dube ni sama da ƙasa, ba fushi a fuskarta, gajiya ce kawai.

“Cewa na yi a canja sunana, Sadiya. Ban ce a kashe mini ɗa ba.”

Ta saki labule.

Ban san yadda na iso gida ba. Na tarar labari ya riga ni, Umma ta ɗora tukunyar shinkafa, maƙwabta na shigowa barka kamar an yi haihuwa. Na shige ɗaki na kwanta da hijabina. Bayan azahar waya ta yi ƙara, lambar da ban sani ba, hoton wata budurwa da rigar mawaƙan coci. Ga saƙon yadda ya zo, ban gyara komai ba:

“Sannu sista. Sunana Emilia, yarinyan Baba Silvanus mai citta na Samaru. Na samu lamba naki a wurin wani. An turo mana wancan labarin a waya, na karanta ma Baba, na juya mashi da yare. Ya sa na karanta sau uku. Ya yi kuka sosai, ban taɓa gani ba.”

Wani ya biyo baya.

“Ya ce tun yana saurayi ya sani shi ne mama nashi. Wani anti ya nuna mashi a kasuwa. Amma ya ce ba zai kunyata shi a gaban yaran shi ba, sai in shi da kanshi ya kira. Da ya ji labarin ya ce, to, Ubangiji ya ji addu'a, mama ya kira ni. Ya je ya gaya ma fasto. Ya ba tela sabon yadi.”

Ina karantawa ina jin ana dariya a tsakar gida. Sai na uku ya shigo.

“Yanzu yanzu an turo mini abin da kin sa yau. Baba bai iya karatu ba, bai sani ba tukuna. Ya yi wanka, ya sa sabon rigan, yana zaune a bakin hanya yana jiran motan Kafanchan. Sista, ke ne kin zauna da mama nashi, ke ne kin san gaskiya. In karanta mashi wannan ma?”